Koma da Komo

Likitan yaro ne, da ƙyar in ya kai shekara talatin, kuma idonsa ya nuna ya kwana biyu bai runtsa ba. Ya fito daga ɗakin nan da ba a shiga da takalmi, ya same mu a kan benci, ni da Inna da Kawu, ya ɗan rusuna ya ce, "Hajiya, sai haƙuri. Mun sa shi a koma."

Inna ba ta ji "mun sa shi" ba. Kalmar ƙarshe kaɗai ta shiga kunnenta. A Hausar da ta tashi da ita, in aka ce jariri ya koma, magana ta ƙare: ya leƙo duniya, bai zauna ba, ya juya inda ya fito. Auta kuwa shekararsa 26 a lokacin, har da gemu, amma wa ya taɓa ganin auta ya girma a idon uwarsa? Ta zame daga kan bencin tana salati. Sai wata nas mai ɗan shekaru, wadda ta hango abin tun daga bakin ƙofa, ta zo ta durƙusa ta dafa kafaɗarta. "Mama, tashi. Ɗanki na nan da ransa. Barci aka sa shi, don kansa ya huta."

Inna ta goge fuska da gefen mayafi, ta dube ta. "To 'yar nan, in barci ne, tashe shi in gan shi mana. In ya so sai ya koma barcinsa."

Nas ɗin ba ta da amsa, ni ma ba ni da ita. Da gari ya waye na shiga buga wa dangi waya, na Zariya da na Funtuwa, sai na ji bakina yana cewa "yana cikin doguwar suma," don ita ce kalmar da na saba ji a rediyo. Kafin azahar har an fara yi mana jaje irin na waɗanda suka fid da rai. Cikin yini guda an raɗa wa halin da ƙanina yake ciki suna uku, kowane suna kuma ya kora mutane wata hanya: wannan makabarta, wancan ɗakin kwana, na ukun wani fili da ba a san ranar fita daga cikinsa ba. Shekaru sun shuɗe tun faɗuwar tasa a babur, can wajen Kawo, babu hular kwano, amma har yau ina juya sunayen nan.

Abin da aka yi masa ba ɓoyayye ba ne, ko da yake sai daga baya na gane shi. In ƙafa ta bugu ta kumbura, fata tana ba ta wuri. Ƙwaƙwalwa ba ta da wannan gata, don tana zaune cikin ƙoƙon da ba ya miƙewa. In ta kumbura sai ta matse jijiyoyin da ke kawo mata jini, jinin ya ragu, ta ƙara kumbura, haka har abin ya kai inda ba a fata. Ga ta kuma da ci. Nauyinta bai wuce kashi 2 cikin 100 na jikin babban mutum ba, amma tana lashe kusan kashi 20 na iskar oksijin da jiki ke amfani da ita. Dabarar likitoci ita ce a rage mata aiki. Ƙwaƙwalwar da ba ta ji, ba ta gani, ba ta tunani, abincinta kaɗan ne; jinin da ke kwarara cikin ƙoƙon ya ragu, matsin ya sauka, a sami 'yan kwanakin da kumburin zai sace. Kamar mai shago ne ya kashe firji da fanka da fitilun waje don ɗan man da ya rage a janareta ya kai shi asuba.

Maganin ta jijiya ake ɗura shi, ɗigo bayan ɗigo, dare da rana. Akwai furofofol, fari fat kamar madara, wanda kafin ka ƙirga sittin mutum ya tafi. Akwai midazolam. In matsin ya ƙi sauka akwai tiyofental da danginsa, masu kwantar da ƙwaƙwalwa har layin da na'ura ke zanawa ya miƙe shiru, ya ɗan zabura, ya sake miƙewa. Haka ake yi wa mai farfaɗiyar da ta ƙi tsayawa. Wanda aka kai wannan zurfi ba ya iya numfashin da zai riƙe shi, ba ya tari, ba ya haɗiyar yawu. Sai an zura masa roba a maƙogwaro, na'ura ta riƙa hura masa huhu.

Kalmar da ta kayar da Inna daga Girkanci ta fito, Turawa suka ara, kuma asalin ma'anarta barci mai nauyi. Ashe likitocin ma daga ɗakin kwana suka yi aro. Su ma sun sha fama da kalmomi, wannan ya rubuta wani abu a fayil, wanda ya canje shi aiki ya fahimci wani abin dabam. Shi ya sa a 1974 wasu likitocin tiyatar ƙwaƙwalwa biyu a Gilasgo, Graham Teasdale da Bryan Jennett, suka mai da abin lissafi. Yana buɗe ido? Yana magana? Yana motsi in an mintsine shi? A yau makin yana tashi daga 3 zuwa 15, kuma daga 8 zuwa ƙasa shi suke kira koma. Lamba ta raba gardama tsakanin likita da likita. Tsakanin likita da uwa kam gardamar tana nan, don ba a duban uwa a ce mata ɗanta shida ne.

Barci ita ce kalmar tausayi, kuma har gobe ina gode wa nas ɗin da ta zaɓe ta. Sai dai Bahaushe ya san barci ciki da bai. Ya san gyangyaɗi da ƙailula, ya san barcin zomo, ya san na asara da ake yi har hantsi ya dubi ludayi. Duk cikinsu babu wanda girgiza kafaɗa ba ta karyawa. Saboda haka roƙon Inna bai kauce wa ma'anar kalmar ba ko da taku ɗaya. Abin da aka gaya mata ta bi. A harshenmu ma barci mai aikatawa ne. Shi ke ɗaukar mutum, ya kwashe shi, ya sace shi, har ɓarawo muke ce masa, amma ɓarawo ne mai dawo da kaya da asuba. Wannan da aka sa Auta kuwa ba shi da hannu balle ya dawo da kome. Yana rataye a jikin ƙarfe cikin gora, kuma wani ne ke murɗa masa famfo.

Ilmin likitanci ma yana bayan Inna. Ƙwaƙwalwar mai barci aiki take yi, tana zagaye na kusan minti 90 tsakanin barci mai zurfi da na mafarki, kunnenta ɗaya yana waje yana jiran kukan jariri ko kiran assalatu. A 2010 Emery Brown, wani likitan allurar barci a Boston, ya rubuta tare da abokan aikinsa cewa abin da ake yi wa mutum a ɗakin tiyata suma ce ta magani wadda ake iya warwarewa, kiran ta barci kuwa lallashi ne kawai. Shekara guda kafin nan duniya ta riga ta ga kuɗin wannan lallashi. Mawaƙi Michael Jackson, da rashin barci ya dame shi, ya riƙa sa likitansa yana ɗura masa furofofol a gida, har yana ce masa madara. Ran 25 ga Yuni 2009 likitan ya bar ɗakin, numfashi ya tsaya. A 2011 kotu ta same shi da laifin kisa ba da niyya ba.

Mu mutanen Kaduna ya kamata mu fi kowa sanin cewa kalmar fuska biyu gare ta. A Tudun Wada muna da Kasuwar Barci, wadda ake ba da labarin cewa sunan ya samo asali ne lokacin da aka kwaso 'yan kasuwa aka zuba a can don a sake gina babbar kasuwa, suka rasa masu saye, suka riƙa sharar barci a rumfuna. Wannan barcin raha ne. A Unguwar Rimi kuma, kan titin Surame, akwai cibiyar da tun zamanin Turawa take binciken ciwon barci, wanda ƙudan tsando ke yaɗawa, wanda in ba a yi magani ba mai shi yakan yi ta gyangyaɗi har ya wuce. Barci ƙanin mutuwa, in ji masu magana, kuma duk harshen ya yarda da wannan zumunci. An kwantar da wane a asibiti. Wane ya kwanta dama. Allah ya haskaka makwancinsa. Rayuwar ma da kwana muke auna ta. Wanda ya tsira, da sauran kwanansa. Wanda ya tafi, kwana ya ƙare. A kan bencin nan na tambayi kaina: kwanakin da Auta yake yi bai san yana yi ba, ana cire su daga nasa, ko ana riƙe masa su a gefe?

Suma kuma ta masu labarai ce. Kalma ce da ba mu ma gama shawara a kanta ba: wani gidan rediyo ya ce dogon suma, wani ya ce doguwar suma, ga suman tsaye da muke yi in mamaki ya kashe mu, ga kuma sumar kai da karin sauti kaɗai ya raba su. Abin da kowa ya yarda da shi shi ne suma afkowa take yi. Ba a shirya mata, ba a sa mata rana. Mace ta ji mugun labari ta sume, ɗan makaranta ya daɗe a rana ya sheme, a yayyafa ruwa, a yi fifita, ya farfaɗo yana tambayar me ya faru. Da muka ga irin wadda ruwa ba ya tayarwa sai muka ja kalmar kamar roba, muka ce doguwa. Tsawon ya shiga. Hannun da ya yi aikin da gangan, da ma'auni, da niyyar warwarewa, bai shiga ba.

Nahawu bai rage mu da kome ba. Yadda muke cewa ci da ciyar da, tsaya da tsayar da, haka muke da sumar da. Matsalar ita ce wani ya riga ya zauna a kujerar. 'Yan daba ne ke sumar da mutum da gora. A labarin fashi da na kishiya ake jin kalmar. Da likitan nan ya fito ya ce, "Hajiya, mun sumar da ɗanki," da ya faɗi gaskiya tsantsa, da kuma Kawu ya ci kwalarsa.

Kada a ce wannan wasan malaman Hausa ne. Ran kwana na huɗu Kawu, wanda ya sauke Risala a zaure tun yana saurayi, ya gyara zama ya ce da ni, "Kai, sallolin yaron nan fa?" A mazhabar Malikiyya da muke bi, wanda barci ya ɗauke har lokaci ya fita, in ya farka sai ya rama. Wanda ya suma har lokacin salla ya shige gaba ɗaya babu ramuwa a kansa, ko da yake azumi kam zai rama. Hambalawa sun ce mai suma ma ya rama duka, Hanafawa suka sa iyaka a yini da dare guda. Malaman da ma ba su tsaya nan ba, sun tattauna hukuncin wanda hankalinsa ya gushe saboda magani, wanda Larabawa ke kira banj. Auta ya yi kwana 11 a ƙarƙashin magani. Salla 55 ke nan suna rataye a kan wace kalma za a zaɓa, ta nas ko ta rediyo.

Banj ɗin nan shi ya ja ni zuwa wani wuri. Duk wanda ya karanta Dare Dubu da Ɗaya ya san shi: a barbaɗa a abinci, mutum ya zube, a ɗauke shi a kai wata fada, a shaƙa masa wani abu mai tsami, ya yi atishawa ya tashi garau kamar ba a yi ba. Masu ƙaga labari, namu da na waje, suna son wannan dabara saboda arha gare ta. Tana kawar da jarumi daga fage na shekara ɗaya ko ɗari, ba ci ba sha, ba fitsari ba gyambo, a dawo da shi ko rigarsa ba ta yamutse ba. Dare ya yi mini tsawo a barandar asibiti, ga sauro, ga ƙarar na'urori ta bayan gilashi, sai na shiga ƙaga nawa garin, da sharaɗi ɗaya: ba zan yi wa jiki ƙarya ba.

Gari ne mai ganuwa, babu lantarki, babu allura irin tamu, amma masu maganinsa sun gano wani tsiro da ke nutsar da mutum ya riƙe shi a ƙasa muddin ana ɗiga masa. Ba zaƙami ba. Zaƙami haukatarwa yake yi, kuma ba a san inda ƙarfinsa zai tsaya ba. Na ba su tsiron kyauta, tun da ƙage ne. Daga nan wahala ta fara. Wanda aka nutsar ba ya numfashi, to wa zai hura masa? Sai na tuna maƙera. A garin nan, gidan da ake wannan aiki yana jikin maƙera, kuma yaran da suka ƙware a zugazugi su ake ɗauka, suna karɓa-karɓa, ana buga musu ƙaramar ganga a hankali don kada hannu ya yi sauri ko ya yi nawa. Yaro ɗaya ya yi gyangyaɗi, an yi gawa. Ga masu ɗura kunu ta siririn bututu. Ga masu rufe masa ido da danshin auduga don kada ya bushe. Ga masu juya shi, dama da hagu, dare da rana, in ba haka ba fatar baya ta mutu ta zama gyambo. A nan na tsaya na yi shiru, don na tuna cewa a ƙissar As'habul Kahfi, waɗanda suka yi shekara 309 a kogo, Alƙur'ani bai tsallake wannan ba: an ambaci cewa ana juya su dama da hagu. A ɗakin da Auta yake, nas-nas suna yin haka kusan duk bayan awa biyu.

Na ƙirga, sai na ga mutum ɗaya a kwance yana cin mutum goma sha a tsaye. Garin da zai iya wannan ba gari ne mai sihiri ba, gari ne mai yawan haƙuri. Kuma sai daga baya na gano an taɓa yin garin nawa a zahiri. A 1952 annobar shan inna ta auka wa Kofanhagan, babban birnin Denmak, majinyata suka kasa numfashi, na'urori suka yi kaɗan. Wani likitan allurar barci, Bjørn Ibsen, ya ba da shawarar a huda maƙogwaro a sa bututu a riƙa matsa jakar roba da hannu. Ɗalibai kusan 1,500 suka yi ta karɓa-karɓa makonni da watanni suna hura wa mutane rai. Shekarar da ta biyo ya buɗe sashen da ake ɗauka shi ne ɗakin kulawa ta musamman na farko a duniya. Yaran maƙera ne, sai dai sun sa farar riga.

Tambarin garin nawa gaiwa ce. In rani ya yi, tabki ya ƙafe, gaiwa takan nutse cikin laka ta lulluɓe kanta da majina, ta rage numfashi, ta jira damina wata da watanni. Kakanninmu sun ce jikinta take ci, kuma masana sun tabbatar: tsokarta take narkarwa ta rayu. Mutanen garin ba sa ɓoye wa dangi wannan. Tun ranar farko ake gaya musu cewa wanda za a ba ku ba zai kai wanda kuka kawo nauyi ba.

To, me suke kiran abin? Na gwada kalmomi da yawa a kan bencin. Jingina ba ta yi ba, don tana da warin bashi. Ɓoyo bai yi ba. Wadda ta zauna ita ce ajiya. A garin nan ba a cewa wane yana barci ko ya suma, sai a ce yana ajiya. Mai kula da gidan shi ne mai ajiya, kuma sarauta ce kamar Sarkin Aska ko Sarkin Maƙera. In dangi suka haɗu a hanya, gaisuwar ita ce, "Ina ajiya?" a amsa, "Ajiya na nan." Ranar da aka janye tsiron ba a cewa ya farka, ba a cewa ya farfaɗo, sai a ce an karɓo shi. Matarsa ba ta takaba, ba a raba gadonsa, mai binsa bashi ba ya zuwa ƙofa, in yana da kujera a fada ana ɗora rawaninsa a kai har ya dawo. Abin da ya ja ni ga kalmar shi ne duk Bahaushe ya san dokokinta ba sai an karanta masa ba. Ajiya tana da mai ita, tana da wanda aka ba, tana da ranar karɓa. Wanda aka ba ba ya tafiya ya bar ta. In ta lalace ba da sakacinsa ba, ba a kama shi. In da sakaci, ya ci amana. Kuma kowa ya san ajiya takan lalace. Kalmar ba ta yi wa Inna alkawarin asuba ba, ba ta kuma aika ta makabarta ba.

Na yi kwana biyu ina jin daɗin kaina, kafin Umaru Dikko ya faɗo mini a rai ya ɓata lissafin.

Duk wanda ya girma a Kaduna ya ji labarin. Ministan sufuri ne a gwamnatin Shehu Shagari, ɗan wannan jiha, wanda ya tsere Ingila bayan juyin mulkin 31 ga Disamba 1983. Ran 5 ga Yuli 1984 aka sace shi a ƙofar gidansa a Landan, aka yi masa allura, aka sa shi cikin akwatin katako da za a loda a jirgin kaya zuwa Legas daga filin jirgin Stansted. Da jami'an kwastan suka buɗe akwatin, ba shi kaɗai suka samu ba. A gefensa akwai likita, Levi-Arie Shapiro, ƙwararren mai allurar barci daga Isra'ila, zaune da kayan aikinsa, ya sa masa roba a maƙogwaro don kada ya shaƙe a hanya. Dubi abin da kyau. Maganin na asibiti ne. Ma'aunin daidai. Mai tsaro bai bar ɗaki ba, ya ma shiga akwatin an rufe da shi, abin da likitan Jackson bai yi ba. Akwai ranar karɓa, akwai masu jiran karɓa. Duk sharuɗɗan garina sun cika, kuma kotun Ingila ta ɗaure likitan shekara 10. Dikko ya farfaɗo a asibiti, ya ƙara shekara 30 a duniya, ya rasu a Landan a Yulin 2014.

Ashe ɓarawo ma yana ajiya, har ya fi mai kaya iya adana ta. Abin da na manta shi ne hannun da ya miƙa. Sai na koma garin nawa na ƙara doka: ba a karɓar ajiya sai daga mai ita, a gaban shaidu. Nan ma ban tsira ba, don mai ita ɗin shi ne a kwance. Auta bai miƙa kansa ga kowa ba. A bayan a-kori-kura aka kawo shi, jini na fita ta kunne. Takardar da aka sa hannu, ni na sa, a tsaye, ban karanta rabinta ba, kuma da an ce in sa hannu a ba da gidanmu a daren nan da na sa. Na ba da ajiyar abin da ba nawa ba, ga mutumin da ban taɓa gani ba, a kan kalmar da ban fahimta ba. Ta yi kyau. Amma ban ga abin da ya raba ni da masu akwati ba in ban da niyya, ita kuwa niyya ba a ganin ta a jikin gorar magani.

An fara rage maganin ran kwana na tara. Wanda ya saba da fim zai zaci ido ake buɗewa a nemi ruwa. Abin da muka gani yatsa ne ya motsa, sai tari a kan robar, sai wani dogon yini da ba abin da ya faru. Nas ɗin nan takan sunkuya ta ce, "Auta, in kana ji na, matsa hannuna." Ran sha ɗaya ya matsa. Bayan an cire robar ya yi kwanaki cikin magagi, yana fizge ƙarin ruwa, yana rantsuwa cewa an ɗaure shi a ƙarƙashin gada ana sayar da shi, yana kallon Inna kamar baƙuwa. Likita ya ce wannan ruɗewa sananniya ce ga waɗanda suka daɗe a ɗakin, takan wuce. Ta wuce, amma a hankali. Cinyoyinsa sun zama kamar na ɗan shekara goma. Kofin shayi sai da hannu biyu.

A lokacin ne na lura da abin da ke gabana tun daren farko. Hausa tana da koma, tana da komo. Wasali ɗaya ne ya raba su, kuma aikin wasalin shi ne nuna inda mai magana yake tsaye. In ka koma, ka tafi can, ka ba mu baya. In ka komo, ka nufo nan, inda muke. Likitan bai san ya taka wannan ba, Girkawa ma ba su san da mu ba. Amma kwana 11 Inna tana zaune a kan tabarma a bakin ƙofar nan, ta ƙi zuwa gida ko wanka sai an yi da gaske, kuma da na ce mata ta je ta huta akwai mu, cewa ta yi, "In ya juyo, wa zai tarar?"

Har yau gidanmu ba a daidaita a kan suna ba. Inna tana cewa "lokacin da ya yi barcin nan nasa." Kawu yana cewa "sumarsa." Shi Auta, in zancen ya taso, cewa yake yi "sanda ba na nan," ya kuma ce bai ga kome ba, ba duhu ba haske, yana kan babur, sai ga shi ana ce masa ya matsa hannu. Ajiya kuwa ni kaɗai nake faɗa, a zuci.

Da aka sallame shi Kawu ya je ya tambayi malaminsu, ya dawo da amsa: hukuncin mai suma ne, babu ramuwa. Auta ya saurara daga kan katifa, ya yi godiya. Da la'asar na shiga na tarar ya idar da salla ya sake ta da wata. Na ce, "Ba ka ji abin da Kawu ya ce ba?" Ya ce, "Na ji, Yaya. Malam ya ce suma ce, Inna ta ce barci ne. Ni ban san ko wanne ba ne, ba na nan. Amma ba zan ƙaryata Inna ba." Kowace salla ya haɗa mata ɗaya. Kwana 11 ya ɗauka, a zaune, don ƙafafun ba su gama komowa ba.